Musayar Waƙa: Sean McVay, Daga Filin Jami'a Zuwa Kujerar Koci

Mai Alƙalami:

Assalamu alaikum, ma'abota waƙa. Maudu'inmu na wannan karo shi ne Sean McVay, kocin ƙungiyar Los Angeles Rams da ke gasar ƙwararru ta NFL a ƙwallon ƙafar Amurka (wasan da ake jifa da cafe ƙwallo da hannu), wanda aka haifa a 1986, ya buga wa Jami'ar Miami ta jihar Ohio wasa daga 2004 zuwa 2007, sannan aka naɗa shi babban koci a watan Janairun 2017. Na buɗe da ƙwar huɗu, kuma duk wanda zai amsa yana iya sauya amsa-amo, matuƙar bai bar batun ba.

Da sunan Allah zan buɗe zance,
Ya tsare mini harshe kada ya kauce,
Batun wani yaro za na fayyace,
Da ya zam jagora cikin ƙuruciya.

A Jojiya ya tashi yana makaranta,
Shi ke jefa ƙwallo yana sarrafa ta,
Marist ta ci kofin jiha, an shaida ta,
A 2003, shi ne ke jan tafiya.

Da ya je jami'a sai aka sauya masa,
Ya bar jifa, cafewa ta zam aikinsa,
Babu wanda ya ce za a ji sunansa
Cikin manyan 'yan wasan duniya.

Da ya gama Miami wasa ya ƙare,
Ƙofar ƙwararru tana nan a tsare,
Ya tattara kaya, takalma ya ture,
Ya nufi Tampa neman wata hanya.

A 2008 kocin Tampa, Jon Gruden, ya karɓe shi,
Ƙaramin mataimaki aka naɗa shi,
A ƙasan kowa aka ajiye shi,
Yana koyon aiki da haƙuri da juriya.

Shekara tara ba su gama cika ba,
Rams ta kira shi, ba ta yi shakka ba,
A zamanin nan ba a taɓa gani ba,
Ɗan shekara 30 da ragamar ƙungiya.

Tsohon Ɗan Kallo:

Wa alaikumus salam. Ƙanena, waƙarka ta yi daɗi, amma wanda ya karanta ta zai ɗauka yaron nan daga sama ya faɗo Tampa. Na riƙe amsa-amonka domin in cike abin da ka tsallake.

Ƙanena, ka yi waƙa mai daɗin ji,
Sai dai ka bar rabin zancen a baya.

Ka ce ya nufi Tampa kamar baƙo,
Alhali da tsohuwar zumunta a tsakiya.

Kakansa John McVay fa koci ne,
Ya riƙe Giants kafin ya sauya hanya.

Ya koma ofis a San Francisco,
Kofi 5 suka ɗauka yana cikin ƙungiya.

Can da, lokacin da yake koci a Dayton,
Mahaifin Gruden na bayansa a tafiya.

Mai uwa a gindin murhu, in ji magabata,
Ba a taɓa ganin ya ci tuwonsa gaya.

Matasa nawa suka bar fili a shekarar,
Da ilmin wasa, da basira, da zuciya,

Suka ƙare da horar da 'yan sakandare,
Don babu wanda zai ɗaga musu waya?

Malama Mai Nazari:

Baba, ban musa maka ko ɗaya daga cikin abin da ka lissafa ba, domin duk gaskiya ne. Abin da nake so a duba shi ne irin aikin da ake ba wanda ya shiga ta wannan ƙofa, da kuma abin da ya same shi bayan kaka ɗaya kacal ta wasa.

Baba, na karɓi batunka na ƙofa,
Zumunta ce ta fara buɗewa.

Sai dai murhun da ka ambata ɗin nan,
Shekara guda ya yi kafin mutuwa.

A Janairun 2009 aka sallami Gruden,
Yaran gidansa suka shiga watsewa.

Ka san aikin ƙaramin mataimaki?
Babu kirari a ciki, babu yabawa.

Tun kafin asuba yana gaban allo,
Bidiyon abokan karawa yake rarrabewa.

Ya ware wasan gudu, ya ware na jifa,
Ya lura da inda masu tsaro ke tsayawa.

Ya zana kati, kibiya bayan kibiya,
Wanda za a ɗaga ranar gwadawa,

Don 'yan benci su kwaikwayi abokan hamayya,
Manyan 'yan wasa su sami abin karawa.

In kibiya ɗaya ta karkace a katin,
A gaban jama'a zai sha tsawa.

Da Gruden ya rasa aiki bai bar nazari ba,
Ya kama ofis a Tampa yana koyarwa.

Yaron ya riƙa zuwa yana zama gabansa,
Ana zana wasa a allo ana gogewa.

Daga nan ya sauka wata ƙaramar gasa,
Florida Tuskers, yau wa ke tunawa?

Gasar kanta ba ta yi tsawon rai ba,
A 2012 ta kai ga rushewa.

A 2010 ya isa Washington,
Mike Shanahan ke jan ragama da tsarawa.

Aka ba shi 'yan gefen sahu masu aiki biyu,
Su tare abokin karawa, su yi cafewa.

Chris Cooley ya girme shi da shekaru,
Amma ya zauna gabansa yana saurarawa.

Ƙwararren ɗan wasa ba ya bin koci don kakansa,
Sai ya ga a hannunsa yana ƙaruwa.

Tsohon Ɗan Kallo:

'Yata, kin yi ƙoƙari, kuma baitin katin nan ya burge ni. Amma ki sake duba sunayen mutanen da ke Washington a lokacin.

Bruce Allen da ke riƙe da ofis a Tampa,
A Washington ya sake tarar da shi.

Jim Haslett, kocinsa na Tuskers,
A shekarar ya koma can tare da shi.

Da aka kori Shanahan, wa ya hau kujerar?
Jay Gruden, ƙanen wanda ya ɗauke shi.

Shi ya ba shi tsara hari a 2014,
Bai cika 28 ba aka ɗaga shi.

Ɗan Kallon Dare:

Ina gaida Baba, ina gaida Malama. Ni ƙarami ne a cikinku, kuma ina cikin masu hana ido barci saboda wasannin nan, waɗanda bambancin lokaci kan jefa mana su cikin tsakar dare. Kun daɗe a kan wanda ya san wane, alhali akwai abin da ya faru a fili wanda kowa ya gani da idonsa, kuma shi nake so in kawo.

Gaisuwa ga Baba da Malama,
Ku bar ni in shigo da batun wasa.

A 2016 Rams ta ci 4 kacal,
Ta faɗi 12, tana can ƙasa.

A yawan maki ita ce ta kashin baya,
Cikin 32 da ke buga gasa.

Da ya zo, shekara ɗaya ta juya,
Ta ci 11, a maki ta hau bisa.

Mai jifan bai sauya ba, Jared Goff ne,
Wanda jiya ake cewa ya kasa.

A kwalkwalin mai jifa akwai rediyo,
Koci na yi masa magana daga nesa.

Daƙiƙa 40 ake ba su su shirya,
In ya rage 15 sai a katse masa.

Sai McVay ya sa su jeru da wuri,
Tun muryar tana isa kunnensa.

Ya dubi yadda masu tsaro suka tsaya,
Ya sauya dabara ya raɗa masa.

Kusan kullum siga ɗaya suke fitowa,
Gudu da jifa kamanninsu na kusa.

Mai tsaro ya zaci gudu ne ya matso,
Ƙwallo ta wuce ta saman kansa.

Tsaro kuwa bai ce ya iya ba,
Ya kira Wade Phillips ya damƙa masa.

Dattijo ne ɗan shekara 69,
Ya fi ninkin shekarun maigidansa.

Wannan fa ba kaka ya rubuta ba,
Aikin idonsa ne da tunaninsa.

Mai Alƙalami:

Madalla da kai, ƙanena, ka bayyana dabarar rediyon nan yadda ko wanda bai taɓa kallon wasan ba zai gane ta. Sai dai ita ɗin ce aka kama shi da ita ranar 3 ga Fabrairun 2019 a birnin Atlanta, lokacin da New England Patriots ta Bill Belichick ta doke Rams da maki 13 da 3 a Super Bowl, wato wasan ƙarshe na cin kofin gasar. A ganina, abin da ya yi bayan wannan kaye ya fi nasarar 2017 nuna ko wane irin koci ne.

Belichick dattijo ya zauna nazari,
Ya ce wa yaransa kada su yi sauri,
Su ɓoye tsarinsu, su yi haƙuri,
Sai rediyo ya yanke su sauya.

Goff ya tsaya shi kaɗai a fili,
Babu murya, ga tsaro ya sake fasali,
Hari ya tsaya cik, ya rasa hali,
Maki 3 suka tashi da su gaba ɗaya.

McVay bai ɗora wa yaransa laifi ba,
Bai ce alƙalin wasa bai yi daidai ba,
Ya ce an fi shi shiri, bai ɓoye ba,
A gaban 'yan jarida ya faɗi gaskiya.

A 2021 aka yi sauyawa,
Goff ya tafi Detroit, Stafford na zuwa,
Gogagge ne, ba ya jiran a yi masa raɗawa,
Shi ke karanta tsaro tun daga tsakiya.

A Fabrairun 2022 ya ɗaga kofi,
Cooper Kupp ya cafe a lokaci mai zafi,
Aaron Donald ya rufe wasan da ƙarfi,
23 da 20 aka tashi, an sha wuya.

Ƙungiyar da suka doke ita ce Cincinnati Bengals, wadda kocinta Zac Taylor ya yi shekara biyu yana mataimaki a ƙarƙashin McVay, kuma a ranar McVay yana da shekara 36, wato ya zama mafi ƙarancin shekaru cikin kocin da suka taɓa cin wannan kofi. Adalci kuma shi ne a faɗi cewa Goff da aka sallama ya farfaɗo a Detroit, don haka ba duka laifin daren Atlanta ne yake wuyansa ba.

Tsohon Ɗan Kallo:

Tunda ka kawo maganar mafi ƙarancin shekaru, ƙanena, to bari in tuna maka wanda aka karɓi wannan matsayi daga hannunsa.

Kafin McVay wa ke riƙe da tarihin?
Mike Tomlin ne, ku zo mu kwatanta.

Shi ma mai cafewa ne a jami'a,
William & Mary ce tasa makaranta.

Baƙar fata ne, ba shi da kaka a ofis,
Sai ya bi doguwar hanya da ƙurarta.

Daga 1995 yana yawon jami'o'i,
Shekara 6 kafin gasar ta buɗe ƙofarta.

Tony Dungy ya ɗauke shi a 2001,
A Tampa ɗin nan dai da muke ambata.

Pittsburgh ta ba shi ragama a 2007,
A 2009 ya ci kofi, ya nuna cancanta.

Ban ce McVay bai iya ba, ku ji ni,
Na ce hanyarsa ce aka gajarta.

Ɗaya ya shiga da ƙafar dama daga jami'a,
Ɗaya sai da ya zaga, 'yata, ki fahimta.

Malama Mai Nazari:

Na fahimta, Baba, kuma a wannan gaɓar ina tare da kai, har ma zan ƙara maka hujja da hannuna. Raheem Morris ya buga wa Jami'ar Hofstra wasa, ya hau matakan aiki a Tampa, kuma shi ne ya gaji kujerar Jon Gruden a Janairun 2009 yana da shekara 32. Shi ma baƙar fata ne, shi ma yaro ne a lokacin, amma ga yadda tasa ta kasance.

Morris ya hau kujera yana ɗan 32,
Shekara 3 aka ba shi kafin sallamawa.

A tsakiyarsu ya ci wasa 10,
Ta ƙarshen ce ta zo da faɗuwa.

Ya koma mataimaki a Washington,
Shi da McVay a ofis suna haɗuwa.

Ya riƙe Atlanta na wucin gadi a 2020,
Aka ba wani kujerar, shi ya yi wucewa.

McVay ya kira shi ya riƙe tsaron Rams,
Tare suka ci kofin da kuke yabawa.

Sai 2024 ya sake zama babban koci,
Shekara 12 yana layin jirawa.

A 2022 Rams ta ci 5, ta faɗi 12,
Ba wanda ya kawo wa McVay zancen sallamawa.

Zoben kofi ya kāre shi, na sani,
Morris ba a ba shi lokacin ƙerawa.

Mai Alƙalami, kai da ka buɗe zancen, ka sa Raheem Morris a maudu'i na gaba, kuma ina roƙon Baba ya fara, da ƙwar biyar idan zai iya.