Shin wayar da ta san halinmu tana raba mu da juna?

Ɗan Agege:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Ina neman ra'ayinku a kan abin da nake gani a majalisarmu ta bayan sallar Isha'i. Benci ɗaya muke zaune, amma kowa ya duƙufa a kan wayarsa, kuma abin da TikTok ko Facebook ke nuna wa wannan ba shi yake nuna wa wancan ba, domin manhajar tana lura da abin da mutum ya daɗe yana kallo, sai ta ƙaro masa irinsa. Shin mu ne muke zaɓa, ko kuwa zaɓa mana ake yi?

Mai Albasa, Mile 12:
Wa alaikumus salam. Ni abin da ya fi damuna shi ne yadda aka daina tambaya. A da, baƙo idan ya sauka daga motar kaya, dole ya nemi mai masauki, ya tambayi hanyar unguwannin Legas irin su Idi-Araba ko Obalende, kuma a garin wannan tambayar ce yake samun ubangida da wanda zai tsaya masa. Shi ya sa aka ce matambayi ba ya ɓata. Yanzu yaro yakan bi taswirar waya har inda za shi bai gaisa da kowa ba, ranar da rigima ta same shi kuwa, babu wanda ya san shi balle a kai maganarsa gaban Sarkin Hausawa.

Maman Khadija, Idi-Araba:
Alhaji, a yi wa wayar adalci. Kullum ina ganin fuskar mahaifiyata da ke Katsina ta WhatsApp, alhali a da sai dai a ba direba saƙo. Sai dai na yarda dogaron ya yi yawa, domin a watan Maris na 2024, da wayoyin intanet na ƙarƙashin teku suka lalace, har ciniki sai da ya tsaya wa masu jiran kuɗi ta waya.

Direba, Obalende:
Hajiya, gaskiyarki, amma ku tambaye mu masu tuƙi da manhaja. Ita ke haɗa ni da fasinja, ita ke yanke kuɗin mota, ita ke nuna hanya, ko da na san Gadar Third Mainland ta cushe a wannan lokacin. Idan na bi sanina, fasinja ya ga na kauce wa layin da ke wayarsa, sai ya zarge ni ya rage mini taurarin da ake auna direba da su a manhajar.