Kiɗan Popol Vuh: daga ina zan fara?

Bakatsiniya: Salamu alaikum 'yan uwa. Na kalli Aguirre, fim ɗin Werner Herzog na 1972. Tun a farko, inda sojojin Sifaniya ke gangarowa daga kan dutse cikin hazo, akwai wani sauti mai tashi kamar muryoyin taron jama'a, amma babu kalma ko ɗaya. Su wa suka yi shi? Me zan saurara bayansa?

Basakkwace: Wa alaikumus salam ƙanwata. Popol Vuh ne, 'yan birnin Munich a Jamus. Florian Fricke ya kafa ƙungiyar a 1969. Muryoyin nan ba mawaƙa aka tara ba, wata na'ura ce mai madannai irin na fiyano, an naɗi muryoyin mutane a tef a cikinta, sai mai kiɗa ya danna su fito. Ki nemi wasu fina-finan Herzog da suka yi wa kiɗa: Nosferatu na 1979, sannan Heart of Glass na 1976. A na biyun jitar Daniel Fichelscher ce ta ɗauki nauyin kiɗan, kuma wallahi mutumin nan ba a ba shi haƙƙinsa ba.

Bazazzage: Ni ban goyi bayan ta tsaya kan fina-finai ba, Malam. Wanda bai ji kundinsu Hosianna Mantra na 1972 ba bai san Fricke ba. Yana cikin na farko da suka mallaki babbar na'urar Moog mai haɗa sautin kiɗa da lantarki a Jamus, da ita ya yi kundin Affenstunde a 1970, amma daga baya ya juya mata baya, ya koma fiyano, har ya sayar da ita ga makaɗi Klaus Schulze. A Hosianna Mantra za ki ji fiyano da jita da muryar Djong Yun 'yar Koriya, a hankali ba gaggawa. Sai dai ki sani, baitocin daga Baibul aka ɗauko su.

Ɗan Zongo: Kun manta da namu! Cobra Verde na 1987, an ɗauki wani sashe a Elmina nan Ghana, a tsohon gidan bayi na bakin teku. Shi ne fim na ƙarshe da Herzog ya yi da jarumi Klaus Kinski, kuma kiɗan Popol Vuh ne.

Bakatsiniya: To fim ɗin Herzog Fitzcarraldo fa? Na ga sunansu a jiki.

Basakkwace: Suna ciki, amma muryar mawaƙin Italiya Caruso da waƙoƙin opera sun fi cika kunne. Ki bar shi zuwa ƙarshe. In kina son ganin Fricke da idonki, ya fito a fim ɗin Kaspar Hauser na 1974 yana buga fiyano. Ya rasu a Disamba 2001 yana da shekara 57.

Bazazzage: Kuma don Allah kar ki ji su ta lasifikar waya, ƙananan sautukan ɓacewa suke yi. Sa abin kunne.

Bakatsiniya: Na gode ƙwarai. Da Nosferatu zan fara daren nan, Yaya Bazazzage ka yi haƙuri, naka sai Juma'a.