Wai ta yaya aka gane dainoson Nijar kifi yake ci?

Ɗan Tasawa:
Slm 'yan uwa, dan Allah masu ilimin kimiyya ku taimaka min. Akwai wani dainoso Suchomimus da aka tono ƙasusuwansa a Gadoufaoua cikin hamadar Tenere, yankin Agadas, a 1997, wai tsawonsa ya kai mita 11 kuma wai kifi yake ci. Abin da ya ɗaure min kai, ƙashi ne fa kawai aka samu, ba nama ba hanji, sannan kifi a Tenere, inda ko rijiya sai an sha tafiya? Da hujja suke magana ko hasashe ne?

Malamar Kimiyya:
Wslm ɗan uwa, akwai hujja sosai. Ka fara cire hamadar yau daga ranka, sama da shekara miliyan 110 da suka wuce wajen nan koguna ne da fadama, a cikin duwatsun da aka ciro shi an samu ƙasusuwan kifaye da kunkuru da wani ƙaton kada Sarcosuchus, to ka ga ruwa kam akwai shi.

Sai ka dubi kan dabbar. Bakinsa dogo ne siriri irin na kada, haƙora sun fi 100, masu tsini ne ba masu faɗi ba, irin wannan ba na yanka tsoka ba ne, na cafke abu mai santsi ne kar ya suɓuce, kuma ƙofofin hancinsa ba a ƙarshen baki suke ba an ja su baya, ga wani ƙaton farce lanƙwasasshe a babban yatsan hannu. Tawagar Paul Sereno ce ta yi bayaninsa a 1998. Amma hujjar da ni ta fi gamsar da ni daga Ingila take: a 1983 an samu ɗan uwansa na kusa, Baryonyx, da ɓawon kifi a daidai inda cikinsa yake, ruwan ciki har ya fara cinye ɓawon. A nan ɗin dai an ga ƙasusuwan ƙaramin Iguanodon, wani dainoso mai cin ganye, kenan in nama ya samu ba sa barinsa.

Abban Sadiq:
Malama Allah ya ƙara basira. In ɗora kaɗan, a Nijar ɗin ma akwai masu cin nama zalla, Afrovenator da aka samu a 1993 da kuma Carcharodontosaurus, wannan haƙoransa masu faɗi ne gefensu kamar zarto, da gani ka san na yanka ne. Shi ko T. rex na Amurka hujjarsa har ta yi yawa, a Kanada an samu bayan gida da ya zama dutse cike da gutsattsarin ƙashi wanda ake kyautata zaton nasa ne, sannan a 2013 aka ba da labarin jelar wani dainoso mai cin ganye, Edmontosaurus, da haƙorin T. rex ya karye a ciki kuma ƙashin ya warke ya rufe haƙorin, wato an cije shi yana da rai ya tsira ya ci gaba da rayuwa, gawa ai ba ta warkewa. Wannan ya karya maganar masu cewa mushe kawai yake ci.

Injiniya MK:
Duk na yarda amma mu yi adalci, ba komai aka gama tantancewa ba. Ku dubi Spinosaurus, babba a dangin su Suchomimus. Ƙasusuwan farko daga Masar aka samo su, Ernst Stromer ya yi bayaninsu a 1915, sai bom ya ragargaza su a Munich a 1944 lokacin yaƙin duniya na biyu, abin takaici wlh. A 2020 Nizar Ibrahim da abokan aikinsa suka fito da jelarsa da aka tono a Maroko mai faɗi, suka ce iyo yake yana bin kifi cikin ruwa, a 2022 Sereno da nasa mutanen suka ce a'a, a gefen ruwa yake tsayawa yana kamu. Cin kifin ba a jayayya a kai, yadda yake kamawar ne ake ta kai ruwa rana har yanzu.

Ɗan Tasawa:
Kai na gode ƙwarai, maganar ƙashin da ya warke ɗin nan ta shige ni. To yanzu ina mutum zai je ya gani da idonsa?

Malamar Kimiyya:
Da yawa an kai su Chicago don nazari, ni dai burina su dawo gida yaranmu su gani. In ka shiga Yamai ka je gidan tarihi na Boubou Hama, akwai ƙasusuwan Ouranosaurus, shi ganye yake ci amma daga Gadoufaoua ɗin aka ciro shi, zamaninsu ɗaya da Suchomimus.