Muhawara: littafin ɗan Gombe da Turanci, namu ne?

Malam Bappa (Jekadafari): Assalamu alaikum. Daren jiya na gama Measuring Time na Helon Habila, kuma ina nan kan bakata. Mutum yana ƙasar waje, ya zauna ya rubuta garinsu da Turanci. Wa yake ba labarin? Wanda bai taɓa shan ƙurar Gombe ba. Don haka na ce littafi ne a kanmu, amma ban lissafa shi cikin namu ba.

Anti Rifkatu (Kaltungo): Malam, ka yi haƙuri, ban yarda ba. A Kaltungo aka haifi Habila a 1967. Garin Keti da ya ƙirƙira a littafin, duk wanda ya tashi a ƙasar Tangale zai gane cocinsa da fadar Mai. Ka kuma tuna aikin Mamo, wannan ɗan tagwayen mai ciwon sikila. Wani ɗan mishan ya rubuta tarihin mutanen Keti, Mamo ya karanta ya ga an yi tuya an manta da albasa, mutanen kansu babu su a ciki, sai ya ɗauki alƙalami. Ƙorafin da kake yi yau shi ne ƙashin bayan littafin tun fitowarsa a 2007.

Sannan da wane harshe kake so ya rubuta? Ni a kasuwa da coci na koyi Hausa. Da Tangale kakata ta yi mini tatsuniya.

Malam Bappa: Anti, daga Nafada har Billiri Hausa ake ciniki da ita, da ita ake gaisuwar mutuwa. Mutum nawa ne a tashar mota za su iya shafi ɗaya na Habila?

Hauwa'u (Pantami): Baffa, a ba ni dama in sa baki. A makaranta mun karanta Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda ya fito a 1934 bayan gasar da Hukumar Fassara ta shirya a Zariya. Da Hausa yake, ba mai musu. To amma labarin wa ne? Yaron da aka sace, aka bautar, aka ƙetare hamada da shi, ya girma a hannun Balarabe, uwarsa na bin sawunsa har Tarabulus. Sai da ya zama babban malami a Rauta, can ƙasar Bauchi, ya zaunar da almajiransa ya ba su labarin asalinsa. Wato tun farkon ƙagaggen labarinmu, wanda aka raba da gida shi ke tuna gida. Me ya sa za mu karɓi wannan daga Umar, mu hana wanda ya tafi da ƙafarsa?

Malam Bappa: 'Yata, kin kawo hujja mai kyau, amma kin taimake ni. Umar dawowa ya yi. Almajiransa na gabansa, in ya yi kuskure akwai mai cewa "Allah gafarta Malam, ba haka ba ne."

Modibbo (Dukku): Ni abin da ya taɓa ni maganar Anti ce. Kakana daga Gombe Abba yake, inda Buba Yero ya kafa sarauta, kafin Turawa su mai da hedikwata Nafada, daga baya kuma Gombe Doma a 1919. Duk labarin wannan ƙaura da Fulfulde ya ba ni shi. Yana da kalmomi na launin shanu, kowace saniya da sunan fatarta, yana da yadda yake kiran dattawan da suka rasu. 'Ya'yana yau ko gaisuwa ba su iya mai da ita da Fulfulde. In na zauna zan rubuta abin da ya faɗa mini, da Hausa zan rubuta, kuma wallahi rabin abin zai zube a hanya. Malam Bappa, ashe ni ma littafina ba zai zama na kakana ba ke nan?

Anti Rifkatu: Modibbo, Allah ya saka. Kuma ka rubuta shi, don Allah, ko da rabin ne.

Malam Bappa: Modibbo, wannan ta shige ni, don ni ma Fulfuldena ta tsaya a "jam bandu na". Na janye cewa harshe kaɗai ke yanke hukunci. Abin da ban janye ba shi ne Innata. Ta ga lokacin da Gombe ke ƙarƙashin Bauchi, ta ga ranar da aka ba mu jiha a 1996, ta fi mu duka sanin wanda ya zauna a wace unguwa. Littafin da ba zai kai kunnenta ba, har yanzu baƙo ne a gidanmu.

Hauwa'u: To mu kai mata shi mana, Baffa. Ni da Anti za mu zaɓi babi guda, mu karanta mata muna juyawa da Hausa.

Malam Bappa: Ku zo ran Asabar bayan La'asar. Ku taho da littafin rubutu, don in ta tsayar da ku ta ce ba haka ake yi ba, ina so a rubuta yadda ta ce ake yi.