Ina neman tsohon fim na hawan dabar Kaduna na 1956

Assalamu alaikum, jama'a. Ina haɗa shirin talabijin kan hawan dabar da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956, kuma aiki ya tsaya cak.

Na ga hotunan British Pathé, kamfanin finafinan labarai na Ingila, amma an ɗauke su ne don masu kallo na Ingila, Sarauniya ce a gaba. Ni kuwa 'yan lifidi nake so a kusa, da 'yan sulke, da masu busa kakaki. Akwai wani guntu da ke yawo a Facebook, mahayi ya ja linzami gaban rumfa, ƙura ta turnuƙe, daidai abin da nake nema. To amma babu sunan mai ɗauka, babu shekara, tashar kuma ta ce ba za ta sa shi ba sai da takardar izini. Gaskiyarsu ce.

Shin finafinan majigi na gwamnatin Jihar Arewa suna ma'ajiyar Hukumar Finafinai ta Najeriya a Jos, ko Gidan Arewa (Arewa House), cibiyar adana tarihi da ke Kaduna, zan nufa? Kuma wa ke da haƙƙin mallakarsu yanzu? Wanda ya taɓa karɓar kwafi, don Allah ya faɗa min ta ina ya bi.