Na haƙa ramin da jarumata ta kasa tsallakewa

Assalamu alaikum 'yan'uwa marubuta. Wata biyu ke nan labarina ya cije a babi na 14, ina neman shawararku.

A duniyar da na ƙirƙira akwai wani ƙaton rami mai suna Makurɗa, ya raba ƙasar gida biyu. Tsuntsu bai gitta samansa, igiya ruɓewa take yi, kuma duk wanda ya leƙa zai ji muryar mamacinsa tana kira har ya faɗa. Ga shi dole jarumata ta tsallaka ta ɗebo wa ƙaninta magani kafin wata ya tsaya.

Na sa aljani ya ɗauke ta, sai abin ya yi araha. Laya kuma ta kashe tsoron baki ɗaya. Na tuna rijiyar Kusugu ta Daura, inda macijin yake barin ɗiban ruwa ranar Juma'a kaɗai, na ce ko in ba ramin ranar barci. Amma da haka ne, ai da fatake sun daɗe da ganowa.

Mahaifiyarta ce za ta kira ta, kuma ba na son ta toshe kunne, ina son ta ji. Don Allah ta yaya za ta tsallake, kuma me ya kamata ta rasa?