Ramin tsutsa: shawarwari daga fadar ɗalibai a Yamai

Wasu ɗaliban kimiyya na Jami'ar Abdou Moumouni sun yi mahawara a fadarsu (majalisar hirarsu) kan ramin tsutsa, wato hanyar yanke da ake hasashen tana haɗa wurare biyu masu nisa a sarari da lokaci. Yawancinsu sun ce mai son fahimtarsa ya fara da lissafi, domin a takarda masana kimiyya Einstein da Rosen suka fitar da shi a 1935. Har yau ba a hango ko guda ba.

Aka kuma ja kunnen masu mafarkin tafiya ta ciki. A 1962 wasu masanan, Fuller da Wheeler, sun nuna cewa maƙogwaron ramin yana tsukewa da saurin da ko haske ba zai tsallake ba. A 1988 masana Morris da Thorne suka ce sai an tokare shi da abu mai makamashi ƙasa da sifili, kamar yadda ake ɗaure bakin rijiya kada ta rufta. A ganina nan ne ya kamata ɗalibi ya daɗe, don gwajin Casimir, wanda ake yi da faranti biyu na ƙarfe da aka kusanta sosai da juna, ɗan mitsitsin irin wannan makamashi kawai yake bayarwa.

Wata ɗaliba ta ƙara da cewa kada a rikita ramin tsutsa da baƙin rami, wato wuri a sararin samaniya mai ƙarfin jan da ko haske ba ya kuɓuta daga gare shi, wanda aka fitar da hotonsa a 2019.